Gashin Bakin Kyanwa a Kwalin Ashana

A layinsu Mai-Sanyi ake ce mata, kuma waɗanda suka taso yanzu sun ɗauka don sanyin halinta ne. Ba su san komai ba. Mace ce mai zafin zuciya wadda duniya ta koya wa rufe baki. Sunan ya biyo ta ne daga wani ɗaki a hawa na biyu na sashen kimiyya a jami'a, ɗaki marar taga mai ƙofa irin ta firji, inda ta yi shekara goma sha ɗaya tana shiga da rigar sanyi biyu alhali a waje mutane na neman inuwa.

Mahaifinta mahauci ne. Tun tana ƙarama ta lura idan nama ya yi tauri yakan naɗe shi a ganyen gwanda ya ajiye, kafin a jima sai ya yi laushi. Ta tambaye shi dalili, ya ce haka ya ga ubansa yana yi, kuma ta matsa daga bakin katako kafin wuƙa ta same ta. Sai da ta kai aji huɗu a sakandare wata malama ta ba ta amsa. A cikin ganyen akwai wani abu da ake kira enzayim, ƙanƙane ƙwarai, ido ba ya ganinsa, aikinsa ya kama abu ya tsinka shi. Irinsa ne ke narkar da abinci a cikin mutum, kuma akwai su dubbai a jikin kowane mai rai, kowanne da nasa aikin. Yarinyar ta ce, to yaya siffarsa take, tunda yana yanka ba da wuƙa ba? Malamar ta yi dariya ta ce wannan kam sai ta girma ta gano da kanta. Da wasa ta faɗa, amma yarinyar ba ta ɗauke shi wasa ba, kuma daga nan wahalarta ta soma.

Ta yi digiri na farko, ta yi na biyu, sannan Farfesa, shugaban ɗakin binciken, ya ɗauke ta aiki a ƙarƙashinsa, tana aikin tana neman digirin dakta. Dogon mutum ne, farar rigar aikinsa ba tabo, alƙalami uku a aljihu. Ilimi kam ba a hana shi. Sai dai akwai wani miki a zuciyarsa da bai taɓa warkewa ba: a wani babban taro, yana matashi, wani ya miƙe ya tambaye shi ko a ɗakin bincikensa akwai ruwan famfo, jama'a suka kwashe da dariya. Tun daga ranar ba abin da yake tsoro a duniya kamar a yi masa dariya. Ya fi tsoronta a kan gobara.

Doka guda yake da ita, kuma kowa ya haddace ta tun ranar farko. Kowane ma'aikaci yana da littafinsa mai kauri, ɗinkakke, kowane shafi da lambarsa. Duk abin da ka yi sai ka rubuta shi a ranar, da tawada. Ba a gogewa, ba a liƙe takarda a kai, ba a yage shafi. In ka yi kuskure ka ja layi ɗaya a kansa yadda za a iya karanta abin da ke ƙasa. Ƙarshen mako Farfesa yakan bi teburi teburi ya sa hannu a ƙasan shafi. Idan ka zo masa da labari da baki, tambayarsa ɗaya ce: "Ka rubuta? Abin da ba a rubuta ba, ba a yi shi ba."

Aikin da ya ba ta shi ne ta gano siffar wani enzayim da ke cikin saifar saniya. Da sassafe takan je mahauta da kula cike da ƙanƙara, mahautan suna tsokanarta suna cewa 'yar gida ta zo sayen abin da ko kare ba ya so. Ta dawo ta niƙa, ta tace, ta sake tacewa, kwana tara, duk a cikin ɗakin sanyi, don zafi yana lalata shi. Daga saifa ashirin abin da take samu bai cika cokalin shayi ba. Kuma wannan duk share fage ne. Ba a iya ganin siffar enzayim sai an lallashe shi ya taru ya daskare ya zama ƙwaya mai ƙyalli kamar ta gishiri, wadda su a ɗakin suke ce wa lu'ulu'u. Ita ce ake aikawa inda ake da injin da zai haska ta da irin hasken da ake ɗaukar hoton ƙashi, daga hotunan a lissafa siffar. Ba lu'ulu'u, ba siffa, ba digiri.

Yadda ake lallashin kuwa, faranti ne mai ramuka ashirin da huɗu. A kowane rami a zuba ruwan gishiri na musamman, a ɗiga ɗigon enzayim a ɗan gilashi, a kife shi a bakin ramin, ɗigon yana rataye. Sai jira. A duba a madubin ƙara girma bayan mako, bayan mako biyu. In wata ya cika ba komai, a zubar, a wanke faranti, a canza gishirin, a sake. Haka kowa yake yi a ko'ina. Ta yi wannan shekara takwas, fatar yatsunta ta tsattsage, gwiwoyinta suka fara ciwo tun ba ta kai arba'in ba.

Abu ɗaya mai kyau da ɗakin sanyin ya ba ta shi ne miji. Mai gyaran firji ne, aka kira shi ranar da injin ɗakin ya tsaya, ya same ta tana kwashe farantai tana zagin injin kamar yana ji. Ya gyara, ya dawo washegari ya ce zai duba ko gyaran ya zauna, ya sake dawowa jibi duk da ba abin da ya lalace. Bayan sun yi aure ya laƙaba mata suna, Dakta Saura Kwata. In ta shigo gida a gajiye sai ya ce, "Sannu da zuwa, Dakta Saura Kwata. Yau ma agogon bai motsa ba?" Ta jefe shi da safa, su yi dariya. Mahaifiyarta, wadda suke kira Inna, ta dawo zama da su bayan rasuwar mahaucin, ta zo da akwatinta da wata baƙar kyanwa mai raina mutane.

A shekara ta tara wani faranti ya faɗa bayan kanta aka manta da shi. Sai bayan wata bakwai ta gan shi tana share wurin. Kafin ta zubar ta ce bari dai ta leƙa. A ɗigo guda ta ga wani abu kamar an barbaɗa gari, ƙananan ƙwayoyi masu ƙyalli, sun yi ƙanƙanta da yawa, ba injin da zai karɓe su. Amma lu'ulu'u ne. Ta zauna a ƙasan ɗakin, kan siminti mai sanyi.

Ta yi tunanin in ta ɗebi ƙwaya ɗaya ko biyu ta kai sabon ɗigo, wataƙila su zama iri, sauran enzayim ya taru a jikinsu. Ta gwada allura, allura ta murƙushe su. Ta gwada gashin kanta, ya lanƙwashe. Ta gwada zaren buroshi, ya kwaso da yawa ya ɓata ɗigon. Wata safiya tana karyawa sai ta ga wani farin gashi a kan tabarmar Inna, gashin bakin kyanwa da ya faɗi da kansa, gindinsa da ƙarfi, bakinsa siriri. Ta ɗauka ta kai wurin aiki. Ta taɓa garin da bakinsa, ta ja shi sau ɗaya a tsakiyar sabon ɗigo. Kwana shida bayan nan, a daidai layin da gashin ya bi, ga lu'ulu'u jere, manya, masu kusurwa, har ido yana ganinsu ba madubi. Daga ranar Inna ta samu aiki. Duk gashin da kyanwar ta zubar sai ta tsince ta sa a kwalin ashana, tana cewa ashe wannan marar kunyar ma 'yar jami'a ce.

Mai-Sanyi ta rubuta komai kamar yadda aka koya mata: farantin da aka manta, wata bakwai, garin, gashin bakin kyanwa, kwana shida. Ya cika shafi na tamanin da bakwai har ya zarce bayansa. Ranar sa hannu Farfesa ya leƙa madubi ya daɗe bai ɗago ba, da ya ɗago idonsa ya yi ja. Ya ce mata ta yi abin da ba a taɓa yi ba. Sannan ya buɗe littafin ya karanta, fuskarsa ta canza.

"Malama, mene ne wannan?"

"Yadda na yi ke nan, ranka ya daɗe."

"Gashin kyanwa."

"Na bakinta. Wanda ya faɗi da kansa."

Ya rufe ƙofa. Ya ce mako mai zuwa masu ɗaukar nauyin binciken za su zo, kuma littattafai suke fara dubawa. Ya ce shekara talatin yana faɗa don a daina kallonsu kamar masu tsibbu, yanzu tana so a tashi a taro a ce ga ɗakin da ake aiki da gashin kyanwa da farantin da aka manta a bayan kanta? Ya ce gishirin ne ya yi aikin, gashin nan camfi ne kawai, da shi da babu duk ɗaya.

"Ba ɗaya ba ne, ranka ya daɗe. Na gwada ba shi, bai fito ba."

"Za ki koya mini aikina ne? Cire shafin nan. Ki sake rubutawa a na gaba, gishiri kaza, kwana shida, shi ke nan."

"Ai kai ka ce ba a yage shafi."

"Ni na kafa dokar, ni kuma nake ce miki ki cire. Ko digirin ne ba kya so?"

Ga kuskuren rayuwarta, kuma ba wanda zai gane girmansa sai wanda ya taɓa riƙe irin littafin nan. Ta ɗauki reza ta yanke shafin daga gindi, a hankali, da kyau, irin aikin hannun 'yar mahauci. Ta miƙa masa, ya ninke ya sa a aljihu tare da alƙalumansa. Ta sake rubutawa a shafi na tamanin da tara, ya sa hannu. Ta gaya wa kanta layi uku ne kawai aka cire, kuma shekara tara ba wasa ba ce. Ko mijinta ba ta faɗa wa ba, don kunya.

Aka aika da lu'ulu'un aka haska, hotunan suka yi kyau. Aka lissafa siffar, ta gan ta da idonta: wani abu mai kama da hannu a dunƙule, da tsaga a tsakiya inda yake kama abin da zai tsinka. Ta kai hoton gida ta nuna wa Inna ta ce ga wuƙar da ba wuƙa ba. Takardar binciken ta fito a babbar mujalla da sunan Farfesa a gaba, nata yana biye. Mijinta ya ce yanzu kam agogo ya motsa, saura minti biyar.

Bayan shekara guda wasiƙu suka fara zuwa. Ɗakunan bincike uku a wurare daban-daban sun bi abin da aka rubuta tiryan-tiryan, gishiri kaza, kwana shida, ba su ga komai ba. Sun jira wata, sun zubar, sun sake, ba komai. To ina za su gani, ba iri? Na huɗu bai tsaya ladabi ba, ya rubuta wa mujallar cewa ko dai lu'ulu'un na wani abu ne daban, ko kuma hotunan haɗa su aka yi. Ta je ofishin Farfesa ta ce su rubuta su faɗi gaskiya, layi uku ne, kowa zai gwada ya gani. Ya ce ta bar masa, zai san yadda zai yi. Ya kuwa sani. Shi da kansa ya kai ƙara hukumar jami'a cewa yana zargin an yi wasa da sakamako a ɗakinsa, kuma duk da abin yana masa ciwo, gaskiya ta fi masa komai.

Aka kafa kwamiti na mutum biyar. Aka rufe ɗakin sanyi, aka ce a kwashe duk abin da ke ciki a zubar don kada a taɓa shaida, wanda in ka duba shi ne ainihin kashe shaidar. Farantanta suka tafi, har da wanda ke ɗauke da garin. Ranar zama aka ajiye littafinta a tsakiyar teburi, shugaban kwamitin ya buɗe da yatsa ɗaya.

"Malama, bayan tamanin da shida, lamba nawa ke biye?"

"Tamanin da bakwai."

"A nan tamanin da tara na gani. Ina shafin?"

Ta faɗi komai. Farantin da aka manta, garin, reza, aljihun Farfesa. Da ta zo kan gashin bakin kyanwa, ɗaya daga cikinsu ya sunkuyar da kai kafaɗunsa suna rawa, wani ya yi tari don ya ɓoye tasa. Aka juya ga Farfesa. Ya shafa wa idonsa toka ya ce yau ya fara jin wannan magana, kuma duk wanda ya san shi ya san ba zai taɓa cewa a yage shafi ba, shi da ya kori ɗalibi saboda goge kalma ɗaya. Gaskiya ne, ya taɓa korar, kowa a wurin ya tuna.

"Ku ba ni wata bakwai," in ji ta. "Garin zai sake fitowa, in nuna muku a gabanku."

"Takardarku kwana shida ta ce," in ji shugaban. "Mun ba ki mako biyu, har da gyara."

Mako biyu suka wuce, ɗigon yana nan fes kamar ruwan sha. Aka janye takardar daga mujalla. Aka sallame ta bisa laifin yanke shafi daga littafin bincike, aka soke rajistar digirinta, aka rubuta cewa ba za a sake sa sunanta a wani aiki na jami'ar ba. Farfesa kuwa ya fito fes, har aka riƙa ba da misali da shi a matsayin mutumin da ya tona asirin ɗakinsa don kare gaskiya. Bayan shekara biyu aka ba shi shugabancin tsangaya gaba ɗaya.

Ranar da ta dawo gida da kayanta a kwali, mijinta ya karɓa ya ajiye, ya kawo mata ruwa. Tun daga ranar bai sake kiranta Dakta Saura Kwata ba, kuma wannan shirun ya fi wasiƙar sallamar yi mata ciwo. Inna ta ci gaba da tsintar gashin tana sawa a kwalin ashana har ta rasu, don ba wanda ya iya yi mata bayanin cewa an daina buƙata.

Ta samu aiki a wata masana'antar sabulun wanki, a ɗan ɗakin gwaji kusa da wurin lodi. Aikinta ta ɗebi garin sabulu daga kowane buhu na ɗari, ta kaɗa a ruwa, ta auna tsawon kumfa, ta rubuta. Shekara ashirin da biyu tana auna kumfa. Littafinta na can ma ba gogewa, ba yagewa, har manaja yana yi mata dariya yana cewa Mama, sabulu ne fa, ba kotu ba. Ta tsani Farfesa tsana mai nauyi, ba ta kuma ɓoye wa kanta hakan ba. In aka nuna shi a talabijin yana ba matasa shawara a kan riƙon amana, takan tashi ta shiga kicin ta yi ta wanke tukunyar da ta riga ta wanke. Amma wanda ta fi jin haushinsa shi ne hannun da ya riƙe rezar.

Wata ranar hutu da hantsi wata mata ta yi sallama a ƙofarsu, mai kimanin shekara arba'in, da babban ambulan a hannu. Ta ce ita ce Daktar da ke riƙe da ɗakin binciken yanzu, Farfesa ya daɗe da yin ritaya. Tana gyaran wani tsohon kabad ta ci karo da hotunan lu'ulu'un, ta yi wata uku tana lissafi a kansu.

"Mama, hotunan nan ba na ƙarya ba ne. Ba mai iya ƙirƙirar irin wannan. Shekara biyu ina neman lu'ulu'un ya ƙi fito mini. Don Allah yaya kika yi?"

Mai-Sanyi ta dube ta. Ta so ta ce ta je ta tambayi masu dariya. Maganar ta zo har bakinta. Amma ta ga yatsun matar a tsattsage, irin tsagewar da ta sani, sai ta tashi ta shiga ɗaki ta fito da kwalin ashanar Inna.

"Bayan wata nawa kike zubar da faranti?"

"Wata ɗaya, Mama, kamar kowa."

"To ki daina zama kamar kowa. Ki ajiye guda a inda ba za ki gan shi ba, wata bakwai. In kin ga gari a ciki, ki taɓa da wannan, ki ja a sabon ɗigo sau ɗaya. Kuma 'yar nan, ki rubuta. Ko wa ya ce ki cire, kada ki cire."

Wata bakwai da kwana shida bayan nan Dakta ta dawo har tana tuntuɓe a bakin ƙofa. Lu'ulu'u ya fito, jere a kan layi. Da aka haska aka lissafa, siffar ta zo daidai da ta takardar da aka janye, hannu a dunƙule da tsagarsa, ba bambanci ko na ƙwayar zarra. Dakta mace ce mai gaskiya, ta ce ba za ta fitar da takarda ba sai da sunan Mama a gaba. Ta rubuta wa hukumar jami'a. Amsa ta zo a kan farar takarda mai hatimi: ba don sakamakon ƙarya aka sallami wannan ma'aikaciya ba, don yanke shafi ne, kuma ta amsa da bakinta cewa ita ta yanke. Hukuncin yana nan, sai fa in shugabanta na wancan lokaci ya shaida a rubuce cewa shi ya umarce ta.

Dakta ta buga shaidar, layi huɗu, da wurin sa hannu a ƙasa. Suka tafi gidan Farfesa da la'asar, mijin Mai-Sanyi ya kai su a tsohuwar motarsa ta aiki, ya ce zai jira a waje don in ya shiga ba zai iya riƙe bakinsa ba. Duk hanya tana shirya abin da za ta faɗa, maganar da ta yi shekara ashirin da uku tana wasawa.

'Yarsa ce ta buɗe musu. Ta ce su yi haƙuri da abin da za su gani, Baba ya shekara uku ba ya gane mutane, wani lokaci har ita. Yana zaune a baranda cikin farar riga, ya rame, wuyan rigar ya yi masa yawa, amma alƙaluma uku suna nan a aljihu. Mai-Sanyi ta tsaya a gabansa. Ya dube ta da fara'a, irin wadda ake yi wa baƙon da ba a sani ba.

"Ranka ya daɗe, ni ce ta ɗakin sanyi. Lu'ulu'un ya sake fitowa. Da gashin bakin kyanwa, kamar yadda na faɗa."

Ya gyaɗa kai a hankali. Sannan ya gyara zama, murya ta fito irin ta da, ba abin da ya ragu a cikinta.

"Kin rubuta? Abin da ba a rubuta ba, ba a yi shi ba."

"Haka yake tambayar kowa, Mama," in ji 'yar a hankali. "Har mai wanki."

"Na rubuta, ranka ya daɗe," in ji Mai-Sanyi. "A shafi na tamanin da bakwai."

"Madalla. Kawo in sa hannu."

Ya zaro alƙalami ya cire murfin, ya miƙo hannu yana jira. Dakta ta buɗe jaka da sauri ta fito da takardar. Ba abin da ya rage sai a ɗora masa ita a cinya. Zai sa hannu, ko takardar sayar da gidansa ce zai sa, kuma abin da ke rubuce a ciki gaskiya ne tsantsa. Mai-Sanyi ta kalli takardar, ta kalli idanunsa da ba kowa a cikinsu, sai ta kama wuyan hannun Dakta ta riƙe.

"Mayar."

"Mama, ai gaskiya ce. Shi ya sa ki."

"Shi ya sa ni. Amma wannan da ke zaune bai san ya yi ba. Takardar ta ce ya tuna ya shaida, shi kuwa bai tuna komai ba. Na taɓa miƙa masa shafin ƙarya ya sa hannu, kin ga inda ya kai ni. Mayar, 'yar nan."

Ba don tausayinsa ta yi ba, kada wani ya yi mata wannan fassarar. A lokacin ji take kamar ta shaƙe shi, don ya tsere mata, ya tafi inda ba za ta iya binsa da maganarta ba, ya bar ta ita kaɗai da sanin abin da ya faru a ofishin nan. Hannunsa yana nan a miƙe da alƙalami, har ya fara ɓata rai. 'Yarsa ta ɗauko tsohuwar jarida ta ɗora masa a cinya. Ya sa hannu a gefenta, sa hannun nan dai mai doguwar jela, ko rawa bai yi ba, ya mayar da murfin alƙalami ya ce su ci gaba da ƙoƙari.

A waje mijinta ya buɗe mata ƙofar mota.

"Ya sa hannu?"

"Ya sa. A jikin jarida."

Ya dube ta, ya buɗe baki kamar zai kira ta da wani suna, sai ya fasa ya tayar da mota.

Washegari ta koma auna kumfa. Takardar Dakta ta fito bayan wata biyar, ba sunan Mai-Sanyi a cikin marubuta, sai godiya a ƙarshe ga wata tsohuwar ma'aikaciyar ɗakin, don iyakar abin da hukuma ta yarda a sa ke nan. Dakta ta kawo mata kwafi har gida. Ta sa tabarau ta bi shi da yatsa har ta kai shafi na biyu, inda aka rubuta cewa an bar faranti wata bakwai, an taɓa garin da gashin bakin kyanwa, an ja a sabon ɗigo sau ɗaya. Layi uku ne cif. An karanta takardar a ko'ina, ɗakunan bincike suka gwada ya fito musu, kuma ba wanda ya yi dariya.